Mama Damaris Ba Ta Shan Sukari

Duk wanda ya saba hawa mota a Kakuri da safe ya san Mama Damaris, ko da bai san sunanta ba. Ita ce doguwar matar nan mai furfura a goshi da ke tuyar ƙosai kusa da inda 'yan keke suke jeruwa, da babbar robar koko a gefenta. Ta haura shekara sittin. Ba ta da yawan magana, amma in ta yi dariya sai ka ga haƙoranta farare tas, babu wanda ya taɓa yi mata ciwo. Ba ta zuba wa kowa sukari a koko. Gwangwanin yana kan benci da cokali a ciki, kowa ya ɗiba da hannunsa. Sabon zuwa yakan ɗauka wata dabara ce ta ciniki, sai tsofaffin abokan cinikinta su gaya masa ai Mama ba ta san daidai ba, domin ita ba ta sha.

A wani ƙauye bayan Zonkwa aka haife ta. Mahaifiyarta takan ba da labarin yadda ta kusa rasa ta a lokacin yaye: duk kunun da aka sa wa zuma sai ta amayar, ta yi laushi kamar tsumma. Kakarta ce ta gaji ta karɓe ta, ta riƙa dama mata kunun acca ba komai a ciki, yarinya ta farfaɗo. Aka ce hannun tsohuwa ne ke da albarka, aka bar maganar a nan.

Da ta yi wayo, lokacin mangwaro ya zama lokacin da ta fi tsana a shekara. Yara na kan bishiya, baki da ƙirji duk ruwan mangwaro, ita tana ƙasa tana tsince musu. Wata rana tsokana ta ishe ta, ta ɗauki guda ta shanye a gabansu. Kafin ta kai gida zufa ta karyo mata, jikinta ya ɗauki rawa, ta kwanta a gindin rumbu tana amai har sai da aka ɗauke ta. Rake ma haka, gwanda haka, dankalin Hausa haka. A gida aka sa mata suna mai tsirfa. An kai ta wurin mai magani ya ba da saiwoyi, an kai ta wurin fasto ya ɗora mata hannu, babu abin da ya canza. Ita dai ta gane cewa in ta tsaya a kan tuwo da miyar ganye da nama da nono, lafiyarta ƙalau.

Tana da ƙane, Didam, wanda ita ce ke goya shi. Da aka zo yaye shi, sukarin ƙwaya ya fara shigowa kasuwarsu, mahaifiyarsu ta sayo don ta sa masa a kunu ya yi ƙiba. Yaron ya riƙa ƙin sha, ana ɗura masa. Idanunsa suka yi ɗorawa, cikinsa ya kumbura, kafin damina ta faɗi ya rasu. Aka ce shawara ce. Damaris ta daɗe tana jin bayanta wayam, amma ba ita ba, ba kowa ba, babu wanda ya haɗa mutuwarsa da tsirfarta.

Tana budurwa ta zo Kaduna wurin gwaggonta, ta sami aiki a masaƙa, a sashen naɗe zare. A lokacin Kakuri ba ta barci. Jiniya na busawa, ma'aikata na fitowa kamar an buɗe ruwa. A nan ta haɗu da Shekari, mai gyaran injinan saƙa. Ranar da ya fara zuwa zance ya sayo mata lemon kwalba mai sanyi. Ta riƙe kwalbar a hannu suna hira har ta huce, ba ta kai baki ba. Bai tambaye ta dalili ba. Da ya sake zuwa sai ya zo da tsire a takarda. Takan ce tun daga ranar ta san za ta iya zama da shi.

Ranar bikinsu ne kawai ya kasa kare ta. Aka kawo kek, aka ce ango ya ba amarya a baki, jama'a na tafi, mai hoto ya saita. Ta ji kunyar ƙi, ta haɗiye. Sauran shagalin a bayan zaure ta yi shi, ƙawarta na yi mata fifita. Dangin miji suka fara raɗa cewa amarya da ciki ta shigo, sai da shekara ta zagayo ba haihuwa kafin maganar ta mutu. A majami'a ma ta sha kallo, domin in an zo jibin Ubangiji ana zagayawa da abin sha, leɓenta kawai take taɓawa da ƙoƙon, saboda abin da ke ciki mai zaƙi ne. Wata dattijuwa ta kai ƙara cewa akwai abin da ke cikin matar nan da ba ya son jibi. Shekari ya je ya sami fasto a ofishinsa, suka yi magana su biyu, daga nan ba a sake tayar da zancen ba.

Da masaƙa ta rufe, mutane da yawa suka koma gida noma. Su suka zauna. Shekari ya koma gyaran janareto, ita ta sayi kasko ta fara tuya. Da ƙosai da koko suka yi wa 'ya'yansu uku makaranta. Dukansu kuma masu son zaƙi ne, musamman autarsu Peace, wadda tun tana ƙarama take satar sukarin ciniki tana lasa. Damaris ta ɗauka abin a kanta ya fara, a kanta zai ƙare. Shekari ya rasu bai ga auren Peace ba.

Peace ta zama malamar firamare, ta auri Nathan, mai walda da ke aiki a wajejen Rido, suka kama haya a Unguwar Boro. Shi ma ɗan wajen Zonkwa ne, ƙauyensu na kallon na kakannin Damaris. Kafin aure majami'a ta sa sun yi gwajin sikila, aka ce babu matsala, kowa ya ji daɗi. Suka haifi mace, aka sa mata Edith.

Muddin tana kan nono zalla, Edith ɓul-ɓul take, kumatu kamar a taɓa su fashe. Matsala ta fara da Peace ta koma aiki, aka soma ba ta garin yara na kanti da ayaba murjajjiya da ruwan lemu. Ta fara amai. Mai kemis ya ba da maganin ruwa mai zaƙi na yara. Maƙwabta suka ce a haɗa mata ruwan gishiri da sukari kada jikinta ya bushe, aka haɗa. Kullum sai ƙara lalacewa take.

Wata Lahadi bayan an tashi daga sujada Damaris ta hau keke ta je duba su. Ta tarar da Peace a tsakar gida da yarinya a cinya tana fama da cokali. Edith na kau da kai, ana bin ta. Da aka samu ta haɗiye, ba a jima ba zufa ta tsattsafo mata a goshi, hannuwanta suka saki. Damaris ta tsaya tana kallo, domin ta san wannan zufar. Amma ta ji tsoron a ce ta kawo zancen ƙauye gidan 'yan boko, ta kuma ji tsoron in ta faɗa ya zama gaskiya, a ce ita ta shafa wa jikarta. Abin da ta iya kawai shi ne ta karɓe cokalin ta ce a bar ta haka, a ba ta nono, gobe da safe a tafi asibiti, ita ma za ta bi su.

Likitar yaran da suka gani matashiya ce, sunanta Dakta Sadiya. Gwaji ya nuna babu zazzaɓin sauro, amma hantar yarinya ta kumbura, sukarin jininta kuma ya yi ƙasa sosai, abin da ya ba Peace mamaki tunda sukari suke ta ba ta. Likita ta zauna tana jero tambayoyi: yaushe abin ya fara, me aka fara ba ta, bayan wane abinci take amai. Can ta ajiye biro ta tambaya ko a dangi, ta kowane ɓangare, akwai wanda ba ya son kayan zaƙi ko kaɗan.

Peace ta yi 'yar dariyar gajiya, ta nuna bayanta. "Ga ta nan zaune. Mamana ko alewa ba ta taɓa sha a gabana ba."

Dakta Sadiya ta juyo da kujerarta gaba ɗaya. "Mama, ba kya so ne, ko ba ya yi miki?"

A tsawon rayuwarta ba a taɓa yi wa Damaris tambayar a haka ba. Ta ce, "Ba ya yi mini, likita. In na sha, abin da ya sami yarinyar nan jiya shi ke samuna."

Likita ta sa ta ba da labari tun daga yaye, ta duba bakinta, ta tambaya ko ta taɓa rasa ɗa ko ƙane a lokacin yaye. Damaris ta ambaci Didam, sunan da ta yi shekaru ba ta furta ba. Dakta Sadiya ta gaya musu gaskiya cewa akwai wata larura ta gado da take zargi, wadda a littafi kawai ta karanta, ba ta taɓa ganin mai ita ba, don haka ba za ta rantse ba sai an yi gwaji. Amma kafin nan a tsayar da duk wani abu mai sukari ko zuma ko 'ya'yan itace, har da maganin ruwan nan. Aka kwantar da Edith, aka sa mata ƙarin ruwa irin wanda likita ta zaɓa da kanta, aka mayar da ita kan nono. Kafin mako ya ƙare ta fara zama tana jan ɗankunnen uwarta.

Gwajin ba a yin sa a Kaduna. Aka ɗebi jinin Edith da na iyayenta da na Damaris, aka aika waje. Sun jira kusan damina guda. A wannan tsakanin mahaifiyar Nathan ta zo daga gida ta duba jikarta, ta ga ana hana yarinya ayaba, ba ta ji daɗi ba. Ta ce su a danginsu ba su san wannan ba, daga wurin uwa aka kwaso. Maganar ta dawo kunnen Damaris. Ba ta mayar ba, domin ita ma haka take gani.

Da sakamako ya zo, likita ta tara su ta yi bayani da Hausa a hankali. Ta ce akwai wani nau'in sukari da ke cikin sukarin shayi da zuma da 'ya'yan itace, wanda hanta ce ke sarrafa shi. Yadda hanta za ta yi wannan aikin a rubuce yake cikin ƙwayoyin halittar da mutum ke gada, ɗaya daga uwa, ɗaya daga uba. In ɗaya ta sami tangarɗa ɗayar na lafiya, mutum zai sha zaƙinsa har tsufa bai san yana ɗauke da komai ba. Haka Peace take, haka kuma Nathan yake. In duka biyun suka samu, sai sukarin ya maƙale a hanta ya zama guba. Haka Edith take, haka Damaris take. Babu maganin sha, babu allura. Maganin shi ne abinci, kuma wanda ya kiyaye zai yi tsawon rai kamar kowa.

Nathan ya tambaya ko da gaske shi ma yana ɗauke da ita, likita ta ce ba don haka ba da yarinyar ba ta samu ba. Suna fitowa, tun a bakin ƙofar asibiti, ya kira mahaifiyarsa ya gaya mata da yarensu, a gaban surukarsa.

Damaris ta tsaya a baya ta yi wa likita tambaya ɗaya, a kan Didam. Dakta Sadiya ta ce ba za a iya tabbatarwa ba bayan shekaru haka, amma yadda ta kwatanta, ya yi kama sosai. Washegari ba ta fita tuya ba. Ta zauna a ɗaki tana tuna mahaifiyarta da ta rasu tuntuni, yadda ta ƙulle ƙwayoyin sukarin nan a bakin zane ta hana sauran yara, don ɗan autanta ya samu. Ta ce wa Peace daga baya ta gode wa Allah da tsohuwar ba ta rayu ta ji wannan bayanin ba. Kwana ɗaya ta yi, ta koma bakin kaskonta.

Aka haɗa su da Malam Abdulmalik, mai kula da abincin marasa lafiya a asibitin. Takardun da suka zo da sakamakon cike suke da sunayen abincin da ba a sayarwa a kasuwar Kakuri, don haka ya ture su gefe, ya ce Mama ta faɗa masa abin da take ci tun daga safe har dare, damina da rani. Suka bi ɗaya bayan ɗaya. Acca da shinkafa da tuwo, lafiya. Kifi, ƙwai, nama, nono da kindirmo marar sukari, lafiya. Alayyafo da kuka da karkashi, lafiya. Yawancin abin da jikinta ya zaɓar mata tun tana yarinya daidai ne. Amma ya nuna mata inda ta yi shekaru tana cutuwa ba ta sani ba: miyar tumatir da albasa mai yawa, da karas ɗin da take sa wa shinkafar Kirsimeti. Ita ta ɗauka nauyin jikin da take ji bayan ta ci miyar dage-dage gajiyar tuya ce. Hoton da aka yi mata ya nuna hantarta ta ɗan wahala. Ta rage su sosai, ta koma ware ɗan ƙullun ƙosanta kafin ta zuba albasa, cikin 'yan watanni ta ce rabon da ta ji jikinta sakayau haka tun tana masaƙa.

A zama na ƙarshe Malam Abdulmalik ya gaya mata abin da ba ta zata ba. Ya ce garin gulukos, irin wanda ake ba 'yan wasa a filin makaranta, shi ba ya maƙalewa a hanta kamar wancan sukarin, in dai zallansa ne ba a gauraya shi da komai ba. Edith za ta iya sha, ita ma za ta iya. Damaris ta ce ta ji, amma ba ta yarda ba. Peace ta sayo gwangwani ta kai mata, ya yi makonni a kan kabad ba a buɗe ba.

Wata safiya da ciniki ya lafa ta zo da shi wurin tuya. Hauwa, mai sayar da burodi da ke zama kusa da ita tun shekarun da ta fara, ita ce shaida. Damaris ta zuba koko a kofi, ta sa cokali guda, ta juya, ta yi addu'a a zuci, ta kurɓa. Ta ajiye kofin ta zauna da hannu a gwiwa tana jiran zufa. Hauwa na yanka burodi tana satar kallonta. Motoci suka cika suka tashi, wasu suka shigo. Zufa ba ta zo ba.

"To, yaya?" in ji Hauwa.

Damaris ta sake kurɓa, ta riƙe a baki, ta haɗiye. "Wannan ne kuke ta rububi a kai?" ta ce. "Ya ɓata mini koko."

Hauwa ta yi dariya har da hawaye. Gwangwanin ya koma Unguwar Boro, inda ake sa wa Edith kaɗan a kunu. Ita yarinyar tana so.

Edith ta shiga shekara ta huɗu yanzu, tana zuwa makarantar rainon yara da kwanon abincinta. Peace ta je ta zauna da malamansu ta yi musu bayani, kuma a kowane kemis sai ta karanta jikin kwalba kafin ta karɓi magani. Wahalar ta fi yawa a ranar bikin haihuwar wani yaro, in ana rabon alewa da biskit. Akwai ranar da ta dawo tana kuka don kowa ya samu ban da ita. Da Asabar ta zo aka kawo ta Kakuri, kakarta ta dafa mata ƙwai, ta soya mata kifi, suka zauna a tabarma suna ci daga kwano ɗaya. Damaris ba ta rarrashe ta da cewa babu komai ba. Ta gaya mata ita ma an yi rabo ban da ita sau da yawa, kuma akwai zafi.

Kirsimetin bara Damaris ta je gida, ta nemi izini ta yi magana a taron zumuntar mata, ita da ba ta taɓa tsayawa gaban jama'a ba. Ta ce musu in yaro na lafiya a kan nono, aka fara ba shi zaƙi ya fara amai yana kau da kai, kada a ɗura masa, a kai shi asibiti a faɗi haka. Bayan taro wata matashiya mai suna Grace ta biyo ta da yaro ramamme a goye, ta ce nata ma ba ya riƙe abinci. Damaris ta taho da su Kaduna bayan sabuwar shekara, ta sauke su a ɗakinta, ta kai su wurin Dakta Sadiya. Aka duba, ba irin nasu ba ne. Tsutsar ciki ce da ƙarancin abinci. Suka yi makonni a Kakuri yaron na shan magani yana cin ƙosai, uwar na taya ta wanke wake, har ya yi kumari suka koma. Da kaka ta yi Grace ta aiko mata da acca a mota, direban ya sauke buhun a gefen kaskonta ya karɓi ƙosai mai zafi ya wuce.